Yadda Ake Wainar Dankali da Karas Ba Tare da An Rasa Yatsa Ba

Ranar Asabar da ta wuce surukata Hajiya ta zo mana yini, ni kuma neman suna ya ja ni na ce zan yi mata wainar dankali da karas, wadda na gani a waya wai minti 15 an sauke. Na shiga kicin bayan azahar, aka kira la'asar ina ciki. Tun da na riga na sha wuyar, ga ilimin kyauta, ku ɗiba.

Na ɗaya, dankali. Na Turawa ake nufi, wanda ake lodowa daga su Bokkos da Mangu a Filato. Ba zan ce ki wanke ki fere ba, ke ba yarinya ba ce. Ki dai leƙa gindin kwano kafin mai dankali ya juye miki a leda, don manya huɗun nan na sama 'yan talla ne, ƙannensu na ƙasa ba su kai ƙwan zabo ba.

Na biyu, magogi. Ki fara nemansa tun ana gobe, domin ba ya gidanki. Yana gidan maƙwabciya tun ranar da ta aiko yaro wai za ta goga kuɓewa, yanzun nan za a dawo da shi. Nawa "yanzun nan" ɗin ya shiga wata na uku. Kika aika, a ce ai wance ta karɓa. Wance kuma ta ce ƙanwar mijinta ta tafi da shi gidan suna. Fisabilillahi, nawa magogi yake a kasuwa? Mutum ya iya ɗinka anko duk wata, amma a ce gwangwani mai huji ya gagare shi! Da ya dawo kuwa, a lanƙwashe ya dawo. A jikin karas haƙoransa sun dakushe, a jikin yatsa sai ka ce askar wanzami. Idan karas ya rage guntu, ki haƙura ki jefa a baki.

Na uku shi ne wanda masu bidiyo suke ɓoyewa: kusan kashi 80 cikin 100 na dankali ruwa ne. Ki juye gogaggen a ƙyallen tatar kamu, ki murɗe kamar kina matse zanin gado. Kada ki zubar da ruwan nan take, ki bari ya kwanta, farin sitacin da ya zauna a ƙasa ki mayar cikin ƙullin, shi ke riƙe wainar. Gishiri sai dab da suya, don yana shiga zai sake jawo wani ruwan. Kuma dankali in an goge shi ba ya jiran kowa, yana shan iska sai ya fara rinewa. Ni ƙawata ta kira a waya, kafin mu gama gaisawa ya koma launin toka.

Na huɗu, ƙwai 2, fulawa cokali 3, albasa, attaruhu da magi. Ƙwan da yanzu mai shago ke miƙo shi da hannu biyu kamar sadaki.

Na biyar, ko na shida ne, oho, a nan gas ya ƙare. Bai taɓa ƙarewa ranar da ake ɗumamen tuwo ba, sai ranar da baƙuwa ke falo. Na koma kurfoti ina fifita gawayi da murfin bokiti, yara uku sun tsaya min a ka, "Umma, ta yi?" Ki bari mai ya yi zafi sosai, ki zuba kaɗan ki baje da bayan cokali, kada ki juya sai gefenta ya yi ja. Ni tawa ta farko ta kama kasko, ta biyu ta wargaje, daga ta uku na daina ƙirga.

Na kai wa Hajiya a faranti mai kyau. Ta ɗanɗana, ta jima tana taunawa, sannan ta ce, "Sannu da ƙoƙari, 'yar nan. Ashe yanzu har soya faten dankali ake yi?" Aka aiki yaro ya sayo awara.

Yau da safe maƙwabciyar ta sake aiko yaro aron magogi. Na ce ya ce mata Hajiya ta tafi da shi.