Wasiƙa Zuwa Ga Jirgin Jan Layi Na Legas

Zuwa ga Jirgin Jan Layi,
Mai zirga-zirga tsakanin Agbado da Oyingbo,
Birnin Legas.

Bayan dubun gaisuwa, ina fata kana lafiya, da kai da taragunka da direbobinka. Yaya aiki, yaya haƙuri da mutanen Ikko? Allah ya ba da lada.

Kafin in shiga abin da ya sa na ɗauki alƙalami, sai mun warware batun girma, don in san bakin da zan yi maka magana da shi. In takarda za a bi, kai jariri ne. Ranar 29 ga Fabrairun 2024 Shugaba Bola Tinubu ya buɗe ka, ranar da ba ta zagayowa sai bayan shekara huɗu, ka ga ko a bikin haihuwa ka rage wa gwamnati ɗawainiya. Fasinja masu biya kuwa sai ranar 15 ga Oktoban shekarar ka fara ɗauka. Amma in aka leƙa danginka sai a ga furfura. Wasu daga cikin jiragen da aka kawo maka daga Ingila suka zo, samfurin InterCity 125 da ya fara aiki a can tun 1976. Sun gama yi wa Turawa hidima, maimakon su huta sai aka ce su zo su ci fanshonsu tsakanin Mushin da Oshodi. Akwai kuma jiragen Talgo guda biyu da aka ƙera wa jihar Wisconsin ta Amurka, rikicin siyasa ya hana su aiki, suka yi shekaru a ajiye har Legas ta saye su a 2022. Ba gori nake yi maka ba. Mu da muke zaɓen gwanjo a kasuwar Katangowa mun san da tsohuwar zuma ake magani. Don haka zan kira ka Baba, amma faɗan da zan yi maka na ɗa ne.

Baba, ƙarata ta farko ita ce ka kashe mana uzuri. A garin nan, “Oga, goslo ne” magana ce mai albarka. Ta hana korar ma'aikata, ta kashe wutar faɗa tsakanin miji da mata, ta ba mai cin bashi ƙarin mako. Mutum ya ce ya baro Agege tun bayan sallar asuba amma hantsi ya same shi a Oshodi, ba mai ƙaryata shi, domin kowa ya ɗanɗana hanyar Abeokuta. Ko da barci ne ya makarar da kai, goslo yana nan zai ɗauki laifin bai ce uffan ba. Sai ga ka da kilomita 27 da tashoshi takwas: Agbado, Iju, Agege, Ikeja, Oshodi, Mushin, Yaba, Oyingbo, kana cinye su cikin kimanin awa guda. Yanzu da ka buɗe baki za ka kawo uzuri, sai maigida ya tare ka: “Me ya hana ka bin jirgi?” Wannan tambaya ba ta da amsa, Baba, kuma kai ka koya musu ita.

Ƙara ta biyu, ka hana ciniki. A danfo, kuɗin mota yana da rai. Yana tashi in hadari ya haɗu, ya sauka in rana ta take, ya sake tashi in kwandasta ya ga shaddarka tana ƙyalli. Yana maƙale a bakin ƙofa da hannu ɗaya, ɗayan cike da takardun kuɗi a naɗe tsakanin yatsu, yana kwarara “Oshodi! Oshodi!” yana gargaɗin kowa ya shigo da canjinsa. In canji ya gagara, sai ya ɗaura maka aure da wani baƙo: ya miƙa muku ɗari biyar guda, ya ce ku je ku raba. Ku sauka tare, ku bi masu ruwan leda da masu gyaɗa kuna neman canji, kafin ku rabu kun san garin juna da sunan 'ya'yan juna. Zumunci nawa aka ƙulla ta haka! Kai kuwa sai katin Cowry. A ɗora shi a kan na'ura, ta yi ƙara, ƙofa ta buɗe, shi ke nan. Babu “nawa za ka rage”, babu “albarka”, babu “Allah ya ba mu kasuwa”. In kuɗin kati ya ƙare, ko kai ne sarkin kasuwa ƙofar nan ba ta san fuskarka ba. Bahaushen da ya gaji taya kaya tun daga kakanni, ka mayar da shi mai biya bakinsa alaikum.

Ƙara ta uku ta fi ciwo: ba ka san manya ba. Direban danfo, duk rashin kunyarsa, in aka ce “tsaya, ga Alhaji nan yana zuwa”, zai yi tsaki amma zai tsaya. In fasinja ya ce “Owa!” zai taka burki ko a tsakiyar gada ne. Kai lokacinka na cika sai ka ja jiki, ko da mutum yana ɗaga maka carbi daga kan matakala. Je ka tashar Ikeja ka ga yadda ka mayar da dattawa. Mutum ya zo gaban matakalar nan mai tafiya da kanta, ya tattare babbar rigarsa da hannu biyu kamar mai shirin tsallake kwata, ya miƙa ƙafar dama ya janye, ya yi bismilla ya sake miƙawa, 'yan makaranta suna wuce shi suna danna waya. Da ya hau kuma sai ya ƙame, bai saki riga ba sai ya ji ƙasa ta daina gudu. A cikin tarago kuwa, mai kwat da mai tallan agogo da malamar asibiti duk kujera iri ɗaya. Wanda ya riga zuwa shi ne babba. A Legas, inda jiniya ke buɗe wa masu hali hanya, wannan ai juyin mulki ne.

Ƙara ta huɗu na ɗauko ta da zafi, amma a hanya ta huce. Da, kan dogo kasuwa ce. A Agege da Oshodi da Yaba, mata kan baza tumatir da gwanjo har kan ƙarfen, in jirgi ya yi kuka a janye tire, ya wuce a mayar. Tsohon jirgin Iddo zuwa Ijoko kuwa, samari har kan rufinsa suke zama. Da za ka zo, aka yi shinge, aka gina gadojin sama a Yaba da Oyingbo da Ikeja da Mushin don mota ta daina haɗa hanya da jirgi. Na so in ce ka kashe raha, sai na tuna watan Maris na 2023, lokacin da jirgi ya yi karo da bas ɗin ma'aikatan gwamnatin jiha a mashigar PWD da ke Ikeja, aka rasa rayuka. A nan kam na janye ƙara. Sai dai ka riƙa tuna wa masu gidanka cewa matar da aka tasa daga kan dogo tana da bakunan da take ciyarwa, haka ma 'yan acaɓar da aka hana aiki a Ikeja da wasu ƙananan hukumomi a 2022, waɗanda da yawansu yaranmu ne na Arewa. Tasha mai kyau ba ta cika ba sai an bar wa mai ƙaramin jari inda zai kafa teburinsa a kusa.

Kada kuma kanka ya kumbura, don ba kai ne farau ba. Kakanka, mai siririn layi, ya isa Ibadan a 1901, dogo ya shiga Kano a 1911. Shi ya raya Zangon Agege: goro ya hau ya yi Arewa, shanu da gyaɗa da fatu suka gangaro Kudu, iyayenmu suka zo fatauci suka kafa gida. Mu da jirgi tsohuwar ma'amala ce. Kai ma da tuni ka yi jikoki, domin tun 1983 Gwamna Lateef Jakande ya ƙaddamar da aikin jirgin cikin gari, gwamnatin soja ta Janar Buhari ta soke shi a 1985. Duniya kenan: a 2020, Buharin yana shugaban farar hula, aka raɗa wa tashar jirgin Ibadan da ke Agbado sunan Jakande. Shekara arba'in muka yi a cikin molue da danfo muna jiranka. Saboda haka in ka ga muna makara, ka yi mana uzuri, gidanku aka fara.

Yanzu ga roƙo. Ka fara aiki kana fitowa safe da yamma, alhali mai talla da mai zuwa asibiti ba su da lokacin ofis. Mun san layi ɗaya kuke rabawa da jirgin Ibadan da na kayan Apapa, amma a daure a yawaita fitowa. Sannan ka ƙarasa Marina kamar yadda aka yi alkawari, ka gaisa da yayanka Shuɗin Layi, wanda tun 4 ga Satumban 2023 yake jigila tsakanin Marina da Mile 2. 'Yan uwa a gari ɗaya ba sa ziyartar juna, abin kunya ne.

Babban roƙona shi ne kada ka koyi halinmu. Legas tana sauya baƙo. Duk abin da na kawo ƙara a kansa, kada ka gyara ko ɗaya. Ranar da na ji ka tsaya a Mushin kana cewa “saura mutum ɗaya”, ko aka bar matakalar Ikeja ta mutu wata shida an jingina mata kwali, ranar zan rubuto maka wasiƙar da babu wasa a cikinta.

A ƙarshe, in kun haɗu da jirgin Ibadan a hanya, ka ba shi saƙo ya miƙa gaba. Ka ce mutanen Zango suna tambaya yaushe sabon layi zai haɗe Ibadan da Abuja, ya bi ta Kaduna ya shiga Kano, mu je gida Sallah ba tare da kwana biyu a bayan tirela ba. Ranar da aka yi haka, ko ƙarfe shida aka ce, tun dare za a same mu a tasha. A dai tanadar wa rago nasa katin.

Ka huta lafiya.

Naka mai ƙaunarka duk da haka,
Wani mai sayar da goro a Zangon Agege.