Da Sabis Ya Ɗauke Ake Sanin Ɗan Gem

Ɗan ƙanwata yana tsaron wani shagon cajin waya a Mahuta, ba nisa da titin da ke kai mutum matatar mai. Shagon bai fi shimfiɗar tabarma biyu ba: allon katako mai bakin soket wajen arba'in, ƙaramin janareto mai tari kamar tsohon mashayin taba, sai benci biyu a waje. Tun 1980 aka buɗe matatar da muke maƙwabtaka da ita, amma man janareton nan da tsada ake sayo shi a galan kamar kowa, shi ya sa goma na bugawa yaron yake kashe kayansa. Daga idar da Isha'i zuwa goman nan, bencin na 'yan gem ne. Da Bahaushe da Gbagyi da Bajju da Ibo, kowa ya sunkuyar da kai, manyan yatsu na rawa a kan gilashi, Hausa da broka suna fita a cakuɗe. Jiran waya ta cika ke kai ni wurin, amma na daɗe da daina gaggawar karɓarta.

Bari in ɗan yi wa dattawa irina bayani. Yawancin yaran Free Fire suke bugawa, wasan da kamfanin Garena na Singafo ya fitar a 2017. Mutum 50 ake zubowa daga jirgin sama a kan tsibiri, kowa ya nemi bindiga, fili yana ta tsukewa, wanda ya rage shi ne gwani. Masu waya mai ƙarfi su ne 'yan PUBG, inda ake zuba mutum 100. Alƙalin wasan wata babbar kwamfuta ce a can wata uwa duniya, saba suke ce mata, ita ke riƙe da lissafin inda kowa yake tsaye. Ka danna, saƙo ya tafi, amsa ta dawo. Tsawon wannan kai-komo shi ne ping, da kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa ake auna shi. Lambar tana kore, lafiya lau. Ta yi ja, a fara addu'a. Ta nuna 999, to, an shiga uku.

Kuma sabar ba ta fitar da mutum nan take. Mutuminka yana nan a fili tsaye ƙiƙam, da hularsa da jakarsa, kamar mai jiran a ɗauke shi hoto. In ka samu ka koma kafin wani ya hango shi, wasan zai mayar da kai inda ka tsaya. In ba ka samu ba, akwatin kayanka kawai za a tarar. Tsakanin ɗaukewa da dawowa da wuya ya wuce minti biyu, amma a cikin mintocin nan na ga halayen da zaman unguwa na shekara goma bai nuna mini ba.

Wanda na fi tausaya wa shi ne wanda bai san sabis ɗinsa ya tafi ba. Waya tana da karambani: kafin amsa ta iso daga saba, sai ta ci gaba da nuna maka kana gudu kana harbi, don kada ka ji nauyin wasan. Sai bawan Allahn nan ya ga abokan gaba sun ƙame wuri ɗaya, ya buɗe musu wuta, yana ihu, "Ku zo ku ga aiki! Uku a jere!" Ko ɗaya bai faɗi ba, amma daɗi bai bar shi ya lura ba. Sarautar daƙiƙa goma ke nan. Allon na fizga sai ga shi kwance a gindin wata bishiya da ya wuce tun ɗazu. Ya yi shiru, ya sosa ƙeya, can ya ce, "Kai, gem ɗin nan ya cika 'yan damfara."

Sai bokan sabis, wanda kowane benci yake da nasa. Layi biyu ne a wayarsa, na uku yana cikin walat a naɗe da takarda kamar laya. Da ya ga abin nan yana juyi a tsakiyar allo, ba ya salati, ba ya zagi, aiki yake farawa. Ya danna alamar jirgi ya kashe, ya ƙirga biyar, ya kunna. Wannan kam tana da tushe, don tana tilasta wa waya ta sake neman ƙarfen sabis mafi kusa. Sauran kuwa sai shi da Allahnsa. Ya zare sim ya goga a gaban riga, ya hura masa iska, ya mayar. Ya ɗaga waya sama ya juya gabas, ya juya arewa. Yana da taswirar unguwa a kansa: gindin mangwaro na layi kaza ne, bayan tankin ruwa na layi kaza, amma babban asibiti shi ne tarin bulon gidan da aka bari ba a gama ba, inda yake hawa da silifas cikin duhu ba tare da ya duba ƙasa ba. Yara kan tambaye shi, "Oga, wane layi ke ja yau?" Sai ya kalli sama tukuna, kamar manomi mai duban hadari, sannan ya yanke hukunci. Ranar 14 ga Maris 2024, da wayoyin intanet na ƙarƙashin teku suka lalace a wajen gaɓar Kodebuwa har abin ya shafi ƙasashen Afirka ta Yamma da dama, a kan bulon nan ya kusan kwana yana goga sim. Washegari da aka ji bayani a rediyo, ko kunya bai ji ba. Cewa ya yi, "Ai na faɗa muku, matsalar daga ƙasa take."

Lauya kuwa tunda aka haife shi ba a taɓa cin sa wasa ba. Sabis ne ake ci. Da an harbe shi zai miƙe ya bi bencin ɗaya bayan ɗaya yana cusa wa mutane waya a fuska: "Duba ping! Don Allah duba!" A duba a ga lamba kore shar. "Yanzu ya dawo, wallahi yanzu-yanzu." Ranar da ya yi nasara kuma ba za ka ji ya gode wa sabis ba, hannu ne. Tabarmar kunya dai da hauka ake naɗe ta.

Yana da ƙane, ɗan tsere, wanda ya fi yawa a wajen masu ƙwallo. Kamfanin Konami na Japan ya canza wa wasan suna zuwa eFootball tun 2021, amma a bencinmu har gobe PES ne. Ɗan tsere ba ya jiran sabis ya ɗauke, shi yake sallamarsa. An zura masa biyu, an ƙara ta uku, sai ka ga ɗan yatsa ya zame daga saman allo ya taɓa jirgi. "Kash! Ka ga irin ta ko?" Ya san sarai wasan zai rubuta an ci shi. Abin da ya saya da wannan asara shi ne kada idonsa ya ga ta huɗu, da kuma damar cewa gobe, "Ai ba a tashi wasan ba." Wata rana ina zaune a bayan wani na ga yatsan da idona. Ya waiwayo muka haɗa ido, ya ce, "Baba, ka ga sabis ko?" Na ce, "A'a, ni dai na ga jirgi ya tashi."

Akwai wanda ba kamfani ne ke yanke shi ba, gida ne. A wayoyi da yawa kira na shigowa data take tsayawa. Ana tsakiyar ruwan wuta, saura mutum takwas, sai allon ya rufe da kalma ɗaya: Mama. Duk bencin ya yi tsit, don kowa ya san wannan jarrabawa. Ka katse, ta sake kira. Ka sake katsewa, ƙanwarka ce za ta iso da ƙafarta, da saƙon da ba zai faɗu a gaban mutane ba. Sai ya ɗauka da muryar waliyyi: "Na'am Mama. To. To. To Mama. Ga ni nan a hanya. To." Wannan "to" mai sauri ita ke kashe shi, don uwa ba ta rasa ganewa. "Sauri kake yi ne? Ina magana kana to, to?" Daga nan an buɗe sabon babi, mutuminsa kuma yana can tsaye a tsibirin Bermuda na cikin wasan ana gwada saiti da shi. Magidanta ma ba su tsira ba, sai dai nasu kiran na burodi ne da maganin sauro.

Mai roƙon hospot shi ma yana cewa sabis ne, alhali kowa ya ji ƙarar saƙon da ya shigo masa. Data ce ta ƙare. Tun da hukumar sadarwa ta NCC ta amince da ƙarin kashi 50 cikin ɗari a Janairun 2025, irinsa suka yawaita. Ya danna *303# ya ci rance, a tuna masa da bashin jiya. Sai ya juya ga na kusa: "Baaba, ɗan kunna min, minti biyu kawai, in ƙarasa wannan." Wayarsa ta haddace makullin rabin unguwa, kuma da ta ji ta hau ta banza sai ta tuna da duk abin da ba ta sauke ba tun watan jiya. Wani yaro da ya gaji ya canza wa hospot ɗinsa suna zuwa "Je ka sayi taka". Ba a yi kwana biyu ba aka roƙe shi a haka.

Amma in ana son ganin hali tsirara, a bar wanda aka yanke, a kalli abokan tafiyarsa. Huɗu-huɗu suke shiga, kuma in ɗaya ya ƙame dole sauran su zaɓa. Akwai mai gadi. Shi zai dawo da gudu ya kafa bangon ƙanƙarar nan na Free Fire a gaban abokinsa, ya tsuguna a gefe, yana ƙwala kira daga wannan ƙarshen benci zuwa wancan: "Ka dawo? Yi sauri mana, fili na rufewa!" Sau da yawa tare ake kashe su. Irin wannan in ya zo neman 'yarka, ka rage masa sadaki. Akwai kuma magaji. Shi ma ba ya nisa, amma ba ya kusa. Yana laɓe bayan dutse yana kallo. An harbi abokin ya faɗi, da hali ya je ya tayar da shi, sai ya shiga gyaran bindiga. Numfashi na ƙarewa shi ne na farko a kan akwati, ya kwashe harsashi, ya kwashe magani, ya canza sulke. In an yi magana ya ce, "To, gara ni da bare." Na taɓa ganin ranar da mai kaya ya dawo da sauran ransa, ya buɗe ido ya ga magaji tsaye a kansa. "Me kake yi a nan?" "Gadi." An ba kura ajiyar nama ke nan.

Fatalwa ba ya zuwa kullum, amma in ya zo sai an yi mako ana jin labarin. Sabis ya yanke shi yana kwance cikin ciyawa, Allah ya sa inda yake nan ne fili ya yi ta tsukewa. Jarumai suka yi ta kashe juna a kewayensa, shi yana can yana rigima da sim. Yana dawowa ya ga saura su biyu, ɗayan kuma duk rauni. Harbi ɗaya, Booyah, ya ci wasan. Tsuntsu daga sama gasasshe. Da a nan ya tsaya da ba komai, sai ya gyara zama ya fara ba da darasi: "Gem haƙuri yake so. Ku matsalarku gaggawa."

A can ƙarshen benci tsohon soja yake zama. Ya daina bugawa, sai sharhi. Duk wanda ya yi kukan minti biyu zai ji daga gare shi: "Ku yara ne. Kuna ina a 2021?" Yana nufin ƙarshen Satumbar shekarar, lokacin da gwamnatin Nasiru El-Rufa'i ta sa aka rufe layukan sadarwa a wasu sassan jiharmu saboda 'yan bindiga, har da yankunan ƙaramar hukumarmu ta Chikun, ba a buɗe ba sai ƙarshen Nuwamba. A faɗarsa, da ƙafa yake tsallaka gada ya shiga gari don ya buga wasa ɗaya ya dawo. Kowace shekara tafiyar tana ƙara tsawo. In ya ga ba a razana ba sai ya ƙara da duhun Oktoban 2024, da manyan layukan wuta suka lalace Arewa ta yi kwanaki ba lantarki. Wannan kam ɗan ƙanwata ba ya son a zage ta, don a lokacin ya sayi benci na biyu.

Ni ma ban fita ba. Yaran sun saka mini Ludo King, ludon nan na Indiya da ya fito a 2016, ina bugawa da mutanen da ban san ko su waye ba. Wani dare ina gab da shigar da ɗana na uku gida sabis ya tafi. Kafin in farga na miƙe, na ɗaga waya sama, ƙafata ɗaya har ta hau bulo. Da na dawo na tarar wasan ya jefa mini da kansa, ya kuma ci ɗan wani, abin da na yi rabin awa ban iya ba. Duk da haka aka cinye ni. Na juya ga ɗan ƙanwata na ce, "Ka dai ga abin da sabis ya yi mini." Ya zare wayar wani daga soket, ko kallona bai yi ba, ya ce, "Kawu, sannu da zuwa. Lauyoyi a wancan bencin suke zama."

Saboda haka mai karatu, in hanya ta biyo da kai Mahuta da dare ka hango mutum tsaye a kan tarin bulo, hannu a sama, fuska na haske, ba aljani ba ne, kuma ba ɓarawo ba ne. Kada ka yi masa sallama, kada ka tambaye shi hanyar Sabon Tasha. In kana da data, kunna masa.