Mutanen Ces: Kowa da Irin Haukarsa

Wanda bai taɓa leƙa zauren gasar ces ba zai ɗauka taron masu natsuwa ne. Mutum biyu a zaune, allo mai gida 64 a tsakaninsu, ba mai tari, ba mai motsi, sai agogo ke aikinsa. To shirun nan rufin asiri ne kawai. In ka tona labarin manyan gwanayen wasan, za ka tarar kowa da irin haukarsa, sai dai su tasu a zaune ake yin ta, da kwat da laktaye.

Akwai Malam Ƙorafi. Shi wannan fitila ta yi masa haske da yawa, kujera ta yi gajarta, ɗan kallon da ke layi na bakwai yana numfashi da ƙarfi. Limamin wannan ɗariƙa shi ne Bobby Fischer na Amurka. A 1972, da za a kara tsakaninsa da Boris Spassky a Rekyabik ta ƙasar Aislan, cewa ya yi kuɗin sun yi kaɗan. Sai da wani attajirin Ingila, Jim Slater, ya ninka ladan, Henry Kissinger kuma ya buga masa waya, sannan ya hau jirgi. Ya zo ya faɗi wasan farko, ya ƙi fitowa na biyu wai kyamarori na damunsa, aka ba Spassky kyauta. Na uku a wani ɗan ɗaki can bayan fage aka buga shi, don kada idon jama'a ya taɓa shi. Abin haushin, bayan duk wannan fitina shi ya ci kambun duniya. Da lokacin kare shi ya zo a 1975, ya jero sharuɗɗa, aka ƙi wani daga ciki, ya yi zamansa a gida. Anatoly Karpov ya zama zakaran duniya bai tura ko soja ɗaya ba.

Ƙanen Malam Ƙorafi shi ne mai zargin an yi masa asiri. A wannan karawa ta Rekyabik, mutanen Tarayyar Sobiyet sun ce lallai akwai abin da ake sakar wa ɗan ƙasarsu Spassky. Aka ɗauki hoton cikin kujeru, aka kwance fitilu. Abin da aka samu: matattun ƙudaje guda biyu. Amma wanda ya fi daɗin ji shi ne na 1978 a Baguio ta ƙasar Filifin, tsakanin Karpov da Viktor Korchnoi. Ana tsakiyar wasa aka miƙo wa Karpov kofin yogot, sai ɓangaren Korchnoi suka shigar da ƙara, wai mai yiwuwa saƙo ne a ɓoye, launin yogot ɗin na gaya masa ya kai hari ko ya nemi canjaras. Manyan mutane suka zauna taro a kan kindirmo. Karpov kuma ya zo da wani Dokta Zukhar, ba abin da yake yi sai ya zauna cikin 'yan kallo ya kafa wa Korchnoi ido. Shi kuwa Korchnoi tabarau mai madubi ya ɗora a fuska. Mu da ake yi wa gorin yawan zargin sammu, ga fa Turawa masu digiri.

Maganar ido ta tuna mini Mikhail Tal, ɗan Riga, wanda ya zama zakara a 1960 yana da shekara 23. Shi irin masu kyauta ne: ya ba ka doki, ya ƙara maka sarauniya, kana cikin godiya ka ga sarkinka ba hanyar fita. Kallonsa ma abin tsoro ne, har a 1959 Pal Benko ya zo masa sanye da baƙin tabarau don ya kare kansa. Kishiyarsa Tigran Petrosian, wanda ya riƙe kambu daga 1963 zuwa 1969, ko soja ɗaya ba ka samu a hannunsa. Harin da ba ka ma yi tunaninsa ba ya riga ya toshe. Kunnensa da nauyi, in surutu ya dame shi sai ya kashe na'urar ji, ya bar ka da duniyar.

Daga zuriyar Petrosian ake samun sarakunan kunnen doki. Karawar Karpov da Garry Kasparov da aka fara a Satumbar 1984 ta ci wata biyar, wasa 48, arba'in daga ciki canjaras, har shugaban hukumar ces ta duniya, FIDE, ya tsayar da ita ba wanda ya ci. A 2018 Magnus Carlsen da Fabiano Caruana suka buga wasa 12 a Landan, duk sha biyun ba kare bin damo. Mutane fa kuɗi suka biya suka shiga kallo.

Sai mai cinye agogo, wanda zai shafe minti arba'in yana nazarin abin da kowa a zauren ya gani tun ɗazu. Friedrich Sämisch na Jamus, yana da shekara saba'in da ɗoriya a 1969, ya shiga gasa biyu, ɗaya mai wasa 15, ɗaya mai 13, ya faɗi duka saboda lokaci ya ƙare masa.

Wanda ya fi ba ni tausayi shi ne mafaraucin lamba. A 1950 FIDE ta fara ba da lambar babban gwani, Giranmasta, ga mutum 27 kacal. Yau masu ita sun kai wajen dubu biyu, amma hanyar ba ta yi sauƙi ba: sai makinka ya taɓa 2500, sai kuma ka nuna bajinta ta musamman a manyan gasa, yawanci har sau uku. A ƙasanta akwai lambar gwanin ƙasa da ƙasa a maki 2400, da wata a 2300, da ta ɗan takara a 2200. Mafaraucinmu yana da shaidar bajinta biyu a aljihu tun yana saurayi, makinsa na reto tsakanin 2480 da 2495, yanzu furfura ta fito. Duk wata yana hanyar Budafes, inda ake shirya gasa musamman don irinsa. Ya san kuɗin kowane otal, ya san wane gwani ne ke son canjaras da wuri don ya tafi cin abinci. Ranar da ya rage masa rabin maki, sai a zaunar masa da yaron da ƙafarsa ba ta kai ƙasa daga kujera, yana tsotson lemo, uwarsa na jira a waje da rigar sanyi. Yaron ya gama da shi kafin azahar. Ba ƙari na yi ba: a Budafes ɗin Abhimanyu Mishra ya kammala lambarsa a 2021 yana da shekara 12 da wata 4. Judit Polgar ta samu tata a 1991 tana da 15, ta karya tarihin Fischer na ƙarancin shekaru. Gukesh na Indiya kuwa a 18 ya zama zakaran duniya gaba ɗaya, a Disambar 2024. Ka je ka ce wa mafaraucinmu haƙuri maganin zaman duniya, ka ga kallon da zai yi maka.

Kada a manta da banɗaki, don a wasan ces wuri ne mai tarihi. A 2006, a garin Elista, manajan Veselin Topalov ya yi ƙorafin Vladimir Kramnik ya cika zagayawa. Aka kulle masa banɗakinsa, ya yi fushi ya ƙi buga wasa na biyar, aka ba abokin karawarsa. Ba a kama shi da komai ba, kuma shi ya ci kambun daga ƙarshe. Wasu kuwa an kama su dumu-dumu. A Dubai, 2015, aka gano wayar Gaioz Nigalidze a ɓoye a banɗaki, lulluɓe da takardar goge-goge, aka ƙwace lambarsa. A 2019 aka ɗauki hoton Igors Rausis zaune a kan masai yana duba waya a Strasbourg, shi ma tasa ta tafi.

Korchnoi mai tabarau ya sake shigowa a wani layin, na dattijon da ya ƙi ajiye makami. Bai taɓa cin kambun duniya ba, bai kuma taɓa yafe wa kowa hakan ba. A 2011, yana dab da tamanin, ya doke Caruana mai shekara 18 a Jibralta, a shekarar kuma ya zama zakaran Suwizalan. A zamaninsa, in ka doke shi, ba wuya ya tsaya ya bayyana maka dalla-dalla cewa ba ka iya wasa ba.

Carlsen na Norwe, wanda makinsa na 2882 ba a taɓa kai shi ba, nasa salon daban ne: ya ƙoshi. A 2022 ya ce ba zai kare kambunsa ba, abin ya daina ba shi sha'awa. Abin da wasu suka tsufa suna nema, shi ya ajiye a kan tebur ya fita. A Disambar 2024 ya shiga gasa a New York da wandon jins, alƙalai suka ci shi tarar dala 200, suka ce ya je ya sauya. Ya ce gobe zai sauya, yau dai a'a, ya fice daga gasar. Bayan 'yan kwanaki aka sassauta dokar, ya dawo sanye da jins. Wandon da ya jawo rigimar kuwa gwanjonsa ya yi a eBay don sadaka, wani ya saye shi dala 36,100.