Zuwa ga Taubashina, Sabon Injiniyan PlayStation

Ɗan Gwaggo, gaisuwa irin ta ubangida ga yaronsa. Ina gajiya, ina kuma fama da kwamfuta?

Labari ya iso mini, ba kuma daga bakin maƙiyi ba, daga cikin gidanku ya fito, cewa ka rantse sai ka mayar da laftof ɗinka 'yar gwanjo PlayStation 2. An ce tun da ka shiga wannan aiki ka daina zuwa majalisa, abinci sai an kai maka ɗaki, abin da ka samu zuwa yanzu kuwa baƙin allo ne da fanka mai kuka. Da na ji sai tausayi ya kama ni, dariya ta biyo baya, ita ce kuma ta fi daɗewa.

Ka gaya wa mutanen gida wai don yara kake yi. Yaran da ko taɓa laftof ɗin ba ka bari su yi? Ni na san ciwon da ke cinka. Dukan da ka sha a hannuna a gidan gem, zamanin Pro Evolution Soccer 6, wato PES 6, har yau bai warke ba. So kake ka kulle ƙofa ka yi atisaye a ɓoye, ranar da ka ga ka ƙoshi ka aiko a kira ni. To zan taimake ka, ba don ka cancanta ba. A wancan zamani kullum da abin da kake ɗora wa laifi: yau hannun gem ne ya lalace, gobe faifai ne ya karce, jibi an ɗauke wuta daidai lokacin da za ka rama. Ina so a gyara maka komai tsaf, ya zama ba sauran abin zargi sai 'yan yatsunka.

Manhajar da kake kokawa da ita, PCSX2, emuleta ce, wato aikinta ta sa kwamfuta ta kwaikwayi wata na'ura daban. An ce ka yi ta cika baki wai PlayStation 2 da ta fito a Japan a shekarar 2000, mai furosesa da gudunta bai wuce megahaz 300 ba, da RAM megabayit 32 kacal, ba za ta gagari laftof mai gigabayit 4 ba, tunda ta ninka ta fiye da sau ɗari. Lissafinka daidai ne, fahimtar ce ta kuɓuce maka, kamar yadda ta saba. Furosesar PS2, wadda Sony ta raɗa wa suna Emotion Engine, yarenta daban ne da na kwamfutarka. Emuleta tafinta ce a tsakaninsu: gem ya yi magana, ita ta juya wa kwamfuta, kwamfuta ta amsa, ita ta mayar, kuma dole a gama wannan kai-komo sau 50 ko 60 a kowace daƙiƙa. Ba bakin mutum ɗaya take fassarawa ba, akwai sashen hoto, da na sauti, da wasu sassa biyu masu lissafin motsi, kowa yana magana a lokaci guda kuma ba mai jiran wani. Shi ya sa ake son furosesa mai saurin gaske da RAM gigabayit 8, da Windows 10 ko wadda ta biyo bayanta. Taka kuwa ko buɗe hoton biki sai ta yi tunani.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne yadda ka samo manhajar. PCSX2 kyauta ce tun da aka fara ta a 2002, 'yan sa-kai ne ke gina ta, suna kuma da shafinsu na kansu. Sau ɗaya a rayuwarka ka haɗu da abin banza wanda yake halal, sai ka bar ƙofa ka bi ta katanga. Ka shiga wani shafi mai koren maɓalli a kowane lungu, ka danna wanda ya fi girma, ka sauke wa kanka annoba. Yanzu da ka kunna kwamfuta sai tallace-tallace su yi ta ɓullowa, wasunsu ba sa kalluwa a gaban Gwaggo. Garin neman gira ka kusa rasa ido. Goge wannan tarkace, ka je shafinsu na ainihi ka ɗauko sabuwar. Ka kuma daina bin tsofaffin bidiyoyin YouTube masu koyar da siga ta 1.4 da 1.6, inda ake zaɓen manhajar hoto daban, ta sauti daban, ta hannu daban. Siga ta 2.0 da ta fito a 2024 ta haɗe su duka wuri guda, da ka buɗe ta ita za ta yi maka jagora mataki-mataki. Kai dai karanta abin da ke kan allo kafin ka danna, na san wannan ne zai yi maka wuya.

Inda ka maƙale shi ne BIOS. Wata 'yar manhaja ce da ke zaune a cikin kowace PS2, ita ke tada na'urar, ta nuna hoton nan na farko mai dogayen ginshiƙai, ta karanta memori, sannan ta miƙa wa gem ragama. Girmanta bai wuce megabayit 4 ba, amma in babu ita emuleta ba ta motsi. Mallakar Sony ce, don haka masu PCSX2 ba sa haɗa ta da manhajarsu, kuma ba za su nuna maka inda za ka ɗauko ta ba. Hanyar da suka yarda da ita ita ce mutum ya kwafo daga na'urarsa: a sa memori mai FreeMcBoot, a kunna wata 'yar manhaja mai suna biosdrain, ta zuba fayilolin a filash, ka kwashe su zuwa foldar da emuleta ta tanada. Duk wanda ya miƙo maka BIOS mai ƙarewa da exe, cuta ya miƙo maka.

Na ji ka ce ai kana da PS2 a ƙarƙashin gado, saboda haka kai kam ka tsira. Wace PS2? Baƙar siririyar nan da ka ara a wurina za ka yi kwana biyu da ita, tun kafin ka yi aure? Ɗan Gwaggo, ko BIOS ɗin da za ka ciro daga cikinta nawa ne. Na ba ka izini, amma a rubuta a ajiye.

Kada ka ɗauka maganar haƙƙin mallaka wasa ce. Sony ta kai kamfanin Connectix ƙara kan emuletar PlayStation ta farko, kotun ɗaukaka ƙara a Amurka ta yanke a 2000 cewa nazarin na'ura don a kwaikwaye ta bai saɓa doka ba. Wani kamfanin mai suna Bleem shi ma Sony ba ta kayar da shi a kotu ba, amma kuɗin lauyoyi suka cinye shi, ya rufe a 2001. A 2024 kuma masu Yuzu, emuletar Switch, suka amince su biya Nintendo dala miliyan 2.4 su kuma tattara kayansu. Kwaikwayon na'ura dai ba shi ne laifin ba, rarraba kayan mutane ne ke jawo sammaci. Kai da kake sulalewa idan mai shayi ya fara lissafi, ina za ka da dala miliyan biyu?

Shi gem ɗin, daga faifanka za ka kwafe shi. Faifan PS2 yana karantuwa a ma'ajin DVD na kwamfuta, manhaja irin ImgBurn za ta mayar da shi fayil ɗin ISO, ka zuba a folda guda ka nuna wa emuleta wurin. Sai dai na san faya-fayanka, rabinsu ka mayar da su murfin kofi. Idan kuma ka kunna ka ga lamba 50 a saman allo, kada ka tada hankalin gida kana cewa gem yana tafiyar hawainiya. Faya-fayan Turai, masu tsarin PAL irin na talabijin ɗinmu, 50 ne cikakken gudunsu, na Amurka da Japan ne ke kai wa 60. Lambar da za ka duba ita ce ta kaso: in ta nuna 100 cikin 100, lafiya lau, in ta sauka za ka ji muryar Peter Brackley tana jan ƙafa yana sharhin wasa cikin magagi.

Nan ne son girmanka ya kashe ka. Ka shiga saitin hoto ka ga ana iya ninka kyawunsa, sai ka zaɓi ninki shida, wanda ya kai 4K, a kan allon da ko 1080 bai kai ba. Wa zai ga wannan kyau, aljanu? Fara da asalin girman hoton PS2. In gudu ya tsaya a kan ɗari, ka hau ninki biyu, in ya jure ka gwada uku, da ka ga ya fara haki ka koma baya. A wajen injin zana hoto ka bar shi ya zaɓa da kansa, ko ka gwada Vulkan da Direct3D ka ga wanda ya fi karɓar kwamfutarka. In ka ga inuwar 'yan wasa ta rikice ko layuka sun tsaga fili, danna F9, furosesa za ta karɓi aikin zanen, hoton ya daidaita amma nauyin ya ƙaru. Abu biyu kuma da ba sa cikin saiti: laftof tana rage ƙarfinta idan tana kan batir, don haka a jona caja, kuma a sauke ta daga kan katifa. Kafofin iskarta a ƙasa suke, ka toshe su da bargo, sannan kana mamakin kukan fanka.

Sai maganar hannu. An ce da kibod kake shirin bugawa don kada ka sayi hannun gem. Araha ba ta ado. Kibod mai sauƙin kuɗi ba ya ɗaukar maɓallai da yawa a lokaci ɗaya, kana riƙe da na gudu da na kwana, ka danna na bugu, sai ya yi kunnen uwar shegu da kai. Ka ga ka sake samun abin ɗora wa laifi, ni kuwa ban yarda ba. Sayi hannu mai USB, guda biyu, ka shiga saitin hannu ka bar manhajar ta jera maɓallan da kanta, ka kuma kunna gurbi na biyu, don ta nan zan shigo. Memori kuwa ba sai ka saya ba, emuleta tana ƙirƙiro nata mai megabayit 8 irin na asali, ba kuma wanda zai are shi ya goge maka Master League, kamar yadda wani ɗan Gwaggo ya taɓa yi wa ubangidansa.

Akwai maɓallai biyu da na so in ɓoye maka, amma na san ka riga ka gano su, don hancinka ba ya kuskuren hanyar maguɗi. F1 tana adana wasa a daidai inda yake, F3 ta mayar da kai can. Na san da su za ka riƙa lashe kofuna: ka adana kafin fanareti, in ɗan wasanka Castolo ya buga sama ka dawo, in abokinsa Minanda ya zubar ka dawo, har sai ta shiga, sannan ka fito tsakar gida kana ɗaga hannu. Kwamfuta ba ta da baki, shi ya sa take haƙuri da kai. Ka sani dai ranar da mutum ya zauna kusa da kai, ƙwallon da ta shiga ta shiga.

Yanzu ka gyara zama, ga abin da na ajiye maka. Wannan PES 6 da ka hana kanka barci a kansa, Konami ta fitar da shi na kwamfuta tun 2006, shekarar da na PS2 ya fito. Ba ya neman BIOS, ba ya neman tafinta, ko laftof irin taka za ta ja shi tana hamma. Duk wannan wahala da ka sha, da ka tambayi manya da an taƙaita maka. Rashin sani ya fi dare duhu.

Duk da haka kada ka goge emuletar, tana da ranarta. God of War na 2005 da na biyunsa na 2007, da Shadow of the Colossus, da Gran Turismo 4, ba a yi su don kwamfuta ba, ta wannan hanya za ka same su. Sony ta sayar da PS2 sama da miliyan 150, amma ta daina ƙera ta tun wajen 2013. Idon da ke karanta faifai yana mutuwa, faya-fayai suna karcewa, masu gyara suna ƙaranci. 'Yan sa-kan nan da suka shafe sama da shekara ashirin suna wannan aiki su ne suka sa jikokinmu za su iya ganin abin da ya hana mu zuwa aike a kan lokaci. Su na yaba wa, kada ka ɗauka da kai nake.

Ga sharuɗɗana. Ranar Asabar bayan la'asar zan zo gidanka, a kan laftof ɗinka, da hannun da ka zaɓa da kanka. Ka ɗauki Inter da Adriano mai ƙarfin bugu 99, ni na yarda in ɗauki Merseyside Red. Za a manna salatif a kan F3. A cika batir, a tanadi janareto, a kira Gwaggo ta zauna shaida, don ba na son a je majalisa labari ya canza. Wanda aka ci shi zai biya kuɗin sharar bana, ko me al'ada ta ce. Ka kuma kakkaɓe ƙurar PS2 ɗina ka ɗaure ta a leda, da ita zan koma gida.

Naka, ubangidanka, ɗan Kawu.